Kiɗan Noman Yaya

Ban taɓa shan wahalar banza irin wadda na sha a kan waƙa guda ɗaya ba. Na yi dakon hatsi a kasuwar Jibiya har bayana ya ƙi miƙewa. Na koma kabu-kabu, ina jigilar mutane da kaya tsakanin Magama ta bakin iyaka da Ɗan Isa ta cikin Nijar, rana ta dake ni, ruwa ya dake ni, an sha tsare ni a shinge. Duk wannan na san kansa. Amma a ce ka ɗauke waƙa daga ƙaramar waya ka sa ta a babba, abin da wasu ke yi suna cin gyaɗa suna hira, shi ne ya nuna mini iyakata.

Waƙar ma ba tawa ba ce. Ta yayana ce, wanda muke ciki ɗaya. Shi ne babba, ni ne na ƙarshe, kuma tun da ubanmu ya rasu a hannunsa na tashi.

Yaya manomi ne, ba irin nomanmu na a samu na tuwo ba. A ƙauyenmu, can wajen Riko, lokacin da ake gayya, in maza suka jeru a bakin gona kowa ya kama kuyyarsa, shi ake zuwa kallo. Akwai wani makaɗin noma da ke bin su da ganga, yana kiran kowa da kirarinsa. A wata gayya, wani mutumin garinmu da ya dawo daga cin rani da rikoda ya ɗauki kiɗan a kaset, tun daga farko har ƙarshe. Makaɗin ya daɗe da rasuwa. Da zamanin waya ya zo aka juye kiɗan, ya shiga ɗan katin nan na memori mai kamar farce, ya zauna a cikin ƙaramar wayar Yaya. Yadda aka yi ya shiga ban sani ba, ban kuma taɓa tambaya ba.

Da daji ya lalace muka baro ƙauyen kamar kowa. Gonar tana nan, zuwa ne babu. Ba a daɗe ba matarsa ta rasu. 'Ya'yansa mata ne, kowace tana ɗakin mijinta. Sai hawan jini ya kayar da shi wata safiya yana alwala, ɓarin dama ya shanye, baki ya karkace. Na ɗauko shi na sa a ɗakin da ke kusa da zaurena. Magana ta tafi, saura kalma ɗaya: to. In ya yarda, to. In bai yarda ba, to. Mu da ke tare da shi mu muka san bambancin.

Abin da ya rage masa shi ne wayar nan, a ɗaure da roba don kada murfin ya faɗi. Da babban yatsansa na hagu yake danna maɓallin tsakiya, ganga ta tashi. Kullum da safe matata za ta kawo kunu, ya danna, ta zauna tana ba shi a cokali. Makaɗin ba da shi yake farawa ba. Sai ya gaida mai gona, ya gaida mai gari, ya yi wa mata masu kawo fura tasu, sannan ya bi manoma ɗaya bayan ɗaya, ƙanana tukuna. Yaya ne na ƙarshe, don ba a buɗe kasuwa da babban sa. In aka zo kansa sai kiɗan ya sauya, ya ɗauki sauri, makaɗin ya kira sunansa da na ubanmu, ya ce:

Na gaban layi, ba ka waiwaye,
mai sa maza shan ruwa ba ƙishi,
mai sa rago gyaran ƙota.

A nan Yaya yake ɗaga hannun hagu, ya dunƙule, ya yi jinjina. Kafin a kai nan kwanon kunu ya ƙare. Matata takan ce, "Ni cokali kawai nake riƙewa, ganga ke ba shi."

Wayar ce ta fara gajiya. Lasifikarta ta tsage, gangar ta koma kamar ana buga gwangwani. Ga kunnen Yaya ya fara nauyi, sai ya manna ta a kumatu yana yamutsa fuska. Ana nan wani Alhaji da nake kai wa kaya tsallake ya canza waya, ya ba ni tsohuwar tasa, babba, irin ta shafawa. Gefenta ɗaya a fashe yake, amma murya kamar rediyo. Ni ban iya ta ba. Karatuna allo ne, shi ma ban yi nisa ba, boko kuwa lambar mota da ta waya kawai nake ganewa. Yatsuna ma sun yi kanta, sai in shafa in shafa ba ta ji ni ba. Amma na ce ga abin da zai sa Yaya ya ji gangarsa yadda take. Bayan ya sha kunu barci ya ɗauke shi, na zare ƙaramar daga ƙarƙashin matashinsa, na haɗa da babbar, na nufi bakin tasha wurin masu turi.

Masu turi su ne masu zuba wa mutane waƙa da fim da wa'azi a waya. Wanda na je wurinsa sa'ana ne, tare muka yi dako. Daga baya ya koma sayar da kaset, da kaset ya mutu ya sayi kwamfuta. Rumfarsa ta kwano ce, janareto a baya, lasifika a gaba, wayoyin masu caji jere a kan katako kamar soyayyen kifi a tire.

"A'a! Su tsoho an waye," ya ce da ya ga babbar a hannuna. "Wa ya mutu ka ci gado?"

"Kai dai karɓi aiki. Katin da ke cikin wannan nake so ya koma cikin wannan."

"Shi ke nan? Ai da akuya ka aiko ma ta yi maka."

Ya kwance robar, ya zare katin da farce, ya tura shi cikin babbar. Wani rubutun Turanci ya fito a fuskar wayar. Bai ko dube shi da kyau ba, yana ba wani mai caji amsa, ya dangwala yatsa, ya sake dangwalawa. Wani ɗan layi ya taso daga gefe ya tafi ya cika. Ina tsaye ina kallo. A gabana aka yi, da idona biyu.

"To, me za a zuba maka? Na gargajiya ko na 'yan zamani? Ko wa'azi, tunda gemu ya yi fari?"

"Ba zubi na zo ba. Wadda ke ciki nake so ta riƙa fita da ƙarfi."

"Ai ciki ba komai yanzu. Haka manyan nan suke, sai sun share kati suke karɓarsa. Faɗi sunan mawaƙin in mayar maka."

Ya faɗe shi kamar mai cewa an ɗauke wuta. Kuma a wurinsu haka ne. Duk abin da ke cikin katin kowa a Jibiya daga kwamfutocinsu ya fito. In an share yanzu a mayar yanzu, har da gyara. Ba wanda ke tambaya kafin ya share, kamar yadda mai shayi ba ya tambayarka kafin ya watsar da ruwan da ya ɗauraye kofi. Masu zuwa ma so suke a share musu tsoho a zuba sabo.

Na faɗi sunan makaɗin. Ya ce bai taɓa ji ba. Na faɗi garin. Ya girgiza kai.

"To rera mini."

Wannan ma haka suke aiki. Yawancin masu zuwa wurinsu ba su san sunan waƙa ba, wasu waƙoƙin ma a kwamfutar ba su da suna, lamba ce kawai. Sai mutum ya tsaya ya rera ɗan baki, mai turi ya kama, ya nemo. Ranar kasuwa za ka ga mutanen ƙauye a layi, kowa na gunjin tasa. Na sha yi musu dariya ina wucewa a babur. Ni kuwa ban taɓa waƙa ba, ko a bikina. Na dubi hagu na dubi dama, na sunkuya, na buga masa kiɗan a kan katako da yatsu, na ɗan raka da baki.

Wani mai jiran caji ya ce, "Baba, wannan kiɗa ne ko babur ne ya ƙi tashi?"

Aka kwashe da dariya. Mai turi bai yi ba, ya ga fuskata. Ya shiga inda ya tara kiɗan noma ya yi ta kunna mini, ina cewa ba ita ba. Sai na faɗa masa ko wace iri ce, da wanda aka yi wa, da halin da yake ciki. Ya miƙa hannu ya kashe lasifikar gaban rumfar. Tun da ya kafa wurin ban taɓa jin ta a kashe da rana ba.

"Wallahi da ka ce mini ta gida ce…"

"Ka tambaye ni?"

"Wa ke tambaya, ɗan'uwa? Tun da nake wannan aiki, wa ya taɓa kawo mini abin da ba ni da shi?"

Ya zare katin ya sa a kwamfuta, ya ce akwai dabarar da ake tono abin da aka share. Ya sallami masu jiran zubi, ya yi ta fama har azahar ta wuce, gumi na ɗiga a kan maɓallai. Daga ƙarshe ya jingina ya ce wayar ta riga ta auri katin, ta canza masa harshe, ko kwamfutar ba ta gane shi yanzu. Maganar ban fahimta ba, amma na fahimci yadda ya saki hannuwansa. Ya cika mini babbar da duk kiɗan noma da yake da shi, ya ce in gwada, ko Allah zai sa.

Na iske Yaya ya farka yana laluben ƙarƙashin matashi. Na sa masa ƙaramar a hannu, don ban san ta inda zan fara ba. Ya danna. Shiru. Ya sake dannawa, ya kai kunne, ya girgiza ta. Sai ya dube ni. Na tsuguna na faɗa masa duk yadda aka yi, ban rage komai ba. Ya daɗe yana kallona. Ya ce, "To." Ya juya fuska bango, da ƙyar, don juyi ma aiki ne a wurinsa.

Da safe matata ta kawo kunu, na kunna masa ɗaya daga cikin na mai turi. Ganga ta tashi, ya ɗan waigo, ya saurara kaɗan. Wasu mazaje ake kira, na wasu garuruwa. Ya rufe baki.

"Yaya, ko cokali ɗaya, don Allah," in ji matata. "Na sa tsamiya yadda kake so."

Cokali ya tsaya a leɓensa, kunun ya gangara ta gefen da ya shanye.

Haka muka shiga. Ruwa kawai yake karɓa, shi ma kaɗan. Na kira wani ma'aikacin asibiti da ke unguwarmu ya sa masa ƙarin ruwa, ya ce mini wannan ba abinci ba ne, ku san yadda za ku yi ya ci. Wani ya ce a yi rubutu. Aka yi, ya sha rubutun, bai sha kunu ba. Mutumin da sai mu biyu muke ɗagawa, na wayi gari ina ɗaga shi ni kaɗai in canza masa shimfiɗa. Ga damina ta faɗi, ƙamshin ƙasa na shigowa har ɗakin, masu sauran gona kusa da gari suna wucewa ta ƙofar gida da garma a kafaɗa.

Na bar aiki na bi masu turi. Na Jibiya, na Magama, har na bakin kasuwar dabbobi. Kowanne sai ya ce rera. Na rera a gaban sa'o'in 'ya'yana, na rera a gaban matan mutane. Mutumina mai turi ya ce in yi a cikin wayarsa ya aika wa abokan sana'arsa na Katsina da Maraɗi, suna da wani zaure a waya inda suke musayar kaya. Aka yi ta turo waƙoƙi, ba ita. Wasu dariya suka turo. Wani ɗan iska ma ya ɗora wa muryata kiɗan zamani ya dawo da ita. Rannan na ɗauki fasinja don a samu na cefane, muna tafiya na yi magana, sai ya leƙo ta kafaɗata ya ce, "Kai ne mai waƙar nan ta cikin waya?" Na ce ba ni ba ne. Ta kowa tana yawo, har tawa da ba waƙa ba ta tsallaka iyaka. Ta Yaya ce kawai babu.

Matata ce ta ce, "Kai ma dai, Malam. Ka bi duniya kana tambaya, mai abu na kwance a ɗaki. Tambaye shi inda ya samo ta."

"Da wane bakin zai faɗa?"

"Kai ka faɗa, shi ya ce to."

Na zauna a bakin katifa ina kiran sunayen mutanen ƙauyenmu, na raye da waɗanda ban tabbata ba. Yana kallon bango. Da na kira mai rikodar nan, wanda ya ɗauki kiɗan tun farko, sai ya damƙi gwiwata da hannun hagu. Ashe har yanzu da sauran ƙarfi a hannun.

"To," ya ce. "To, to."

Na bincika aka ce tsohon yana raye. Da aka watse ya bi dangin matarsa, can gaba da Ɗan Isa, cikin Nijar. Hanya ce da nake bi kullum, amma ban taɓa bin ta ba kaya ba fasinja ba. A shingen tsallake wani jandarma da ya san ni ya leƙa bayan babur ya ga wayam.

"Yau ina kaya, tsoho?"

"Waƙa za ni ɗaukowa."

"To in ka dawo ka tsaya wajen duwan, kwastan ɗinmu, a auna ta."

Na ishe tsohon a gindin bedi yana tufkar igiya, idanunsa sun yi yana. Na gaishe shi, na faɗa masa ko ni ƙanen wane ne. Ya saki igiyar ya kama hannuna da nasa biyu.

"Kai ne ɗan ƙaramin nan mai kawo muna ruwa gona? Yaro, murya ta tsuhwa! Ina gwanin?"

"Yana kwance, Baba."

Na ba shi labari. Ya yi salati. Na tambayi kaset.

"Kaset na can ɗakina na gida, in gara ta bar shi. Wa ya tsaya ɗaukar kaset ran da munka hito?"

Amma ya ce tun kafin a watse wani ya juye masa kiɗan a salula, wato waya, a Maraɗi, daga ita ce ma aka tura wa Yaya wata ranar kasuwa. Salular na nan, sai dai ta bar magana tun bara. Ya shiga gida yana bin bango, ya fito da ita a naɗe cikin tsumma. Ta fi ta Yaya tsufa. Batirin ya kumbura har ya ɗage murfin. Ba ta da kati, waƙar a cikin jikinta take.

Na goya shi a babur muka je wurin wani mai sharji, yadda suke kiran mai cajin waya a can, a bakin babbar hanya, mutum mai sanyin magana, da tabarau ɗaure da zare. Ya juya wayar ya juya, ya ce batir irin nata ba shi da shi. Ya samo wani ƙarami ya sa, ya yi masa ciko da kwali da tsinken ashana, ya ɗaure da roba. Ta kawo wuta. Muka ce alhamdu lillahi. Sai dai fuskarta fara fat, ba rubutu ko ɗaya, gilashin ya mutu.

"Ba a iya turawa," in ji mai sharji. "Bulutut sai an ga inda za a shiga. Wurin sa kebul kuma tsatsa ta cinye shi. Makauniya ce."

"To makauniya ta ishe makaho," in ji tsohon. "Ba ni nan."

Ya karɓa ya lalubi maɓallan, ya danna nan ya danna can. Yatsansa ya san hanya. Sai ganga ta tashi. Siririya, kamar daga cikin rijiya, amma ita ce. Na zauna a kan benci ban shirya ba.

Mai sharji ya ce dabara ɗaya ta rage: a kunna a ƙaramar, a kara babbar a bakinta ta ɗauka ta iska. Ya shafa tawa ya shafa, ya nuna mini wani jan ɗigo.

"In ka taɓa wanga, tana ji. Kowa shi yi kurum."

Kurum, a bakin hanyar Maraɗi! Muna farawa wata kamiyo, babbar motar kaya, ta taso da kaya har sama, ta danna oda kamar da gayya. Mai ƙanƙara ya wuce yana kiran hajarsa. Jakin wani ya ga nan ne ya dace ya yi kuka. Shi kansa tsohon bakinsa ya ƙi zama, duk wanda makaɗin ya kira sai ya ce wani abu.

"Allah shi jiƙan wanga. Wanga ma Allah shi jiƙanai. Wanga kau rago ne, kirarin banza anka yi mishi."

Mai sharji na yi masa alama da hannu, ya manta ba gani yake ba. Ni ina riƙe da babbar da hannu biyu, ina haɗiye tari. Aka wuce mai gona, aka wuce mai gari da matan fura, aka shiga manoma. Ina jin sunaye suna ƙarewa. Aka kira na kusa da ƙarshe. Kiɗan ya fara sauyawa, ya ɗauki saurin nan. Sai ɗif.

"Ta mutu," in ji mai sharji.

Aka cire batirin aka ba shi wuta, muka zauna jira, aka mayar. Na ce a tsallake farkon a je ƙarshe kawai. Tsohon ya ce shi hanya ɗaya yatsansa ya sani, daga farko. Mai sharji ya gwada wani maɓalli da ka, wayar ta fice daga waƙar gaba ɗaya ta shiga inda ba wanda ya sani, sai da aka sake zare batir. Da aka kuma kunnawa, a wurin matan fura ta mutu. Da aka sake, ko mai gona ba a gama gaidawa ba. Wayar ta yi zafi kamar dutsen da ya wuni a rana.

"A bar ta haka," in ji mai sharji. "In munka matsa mata ta tahi gaba ɗaya. Batir nata na asali za a biɗo, mai riƙe wuta. Nan babu. Ku can Najeriya ba ku yar da komi, ka diba wajen masu gyara."

Ya yanka kwali daidai girman batirin, ya zana inda haƙoransa suke, ya ba ni.

Na ce wa tsohon, "Baba, ka ba ni aronta in kai Jibiya. Can akwai masu gyara sosai. In an gama in dawo maka da ita da hannuna."

Ya miƙa hannu aka ba shi wayarsa. Ya naɗe ta cikin tsumma, ya sa a aljihu, ya dafe.

"Kun share taku, ku share tawa? Yaro, ni ma an kira ni ciki. Duk wanda anka ambata cikin wagga waƙa, daga ni sai yayanka munka rage. Ka zo da batir, ko kullum ne, ina nan. Amma ba ta ƙetare iyaka."

 Gaskiyarsa. Na mayar da shi gindin bedinsa na kamo hanya.

Bayan la'asar na iso gida. Na ce wa matata ta dama kunu. Ta dubi fuskata ta ce, "An samu?" Na ce ta dai dama. Na tsaya a zaure ina shafa wayar har ta ji ni, na gano abin da aka ɗauka na farko, mai tsawon. Na shiga na ajiye ta kusa da kunnen Yaya.

Odar kamiyo ce ta fara fita. Sai ganga a ƙarƙashinta.

Ya juyo. Ba wanda ya taimaka masa. Idanunsa suka buɗe, yatsun hagu suka fara bugun katifa. Matata ta shigo da sauri har kunun na zuba a hannunta, ta durƙusa ta kai cokali. Ya buɗe baki. Ya haɗiye. Ta sake kaiwa, ya karɓa. Ba ta dube ni ba, ni ma ban dube ta ba. Da muryar tsohon ta fito yana cewa wane rago ne, gefen bakin Yaya mai motsi ya ɗaga, wani sauti ya fito daga ƙirjinsa, ina jin dariya ce.

Ni kaɗai na san abin da ke gaba. Na so in tsayar da ita tun da sauran nisa, ban san inda ake taɓawa ba. Aka kira na kusa da ƙarshe. Kiɗan ya ɗauki sauri. Yaya ya ɗaga hannun hagu, ya dunƙule. Sai muryar wani baƙo ta ce, "Ta mutu."

Hannun ya tsaya a sama. Ya daɗe a can. Sannan ya sauke shi a kan wayar yana laluben maɓallin tsakiya. Gilashi ne sumul, ba abin dannawa. Ya shafa, hotuna suka yi ta tsalle, wata waƙar daban ta tashi. Na karɓe na kife ta a kan tabarma har ta yi shiru.

"Ka faɗa masa da baki mana," in ji matata a hankali. "Ai ka san kirarin."

Na gyara murya. Na kira sunansa da na ubanmu, na ce na gaban layi, ba ka waiwaye. Ban kai ga na biyu ba ya rufe ido. Cokalin da ke bakinsa ya tsaya nan. Matata ta duba kwanon, an sha kusan rabi. Ta rufe shi da faifai ta fita.

Washegari da na dawo daga masallaci na zaunar da matata a zaure, na nuna mata inda za ta taɓa waƙar ta tashi. Muka yi ta gwadawa har muka gano inda ake tsayar da ita. Na ce ta riƙa ba shi da sauri tun ana gaida mai gona, in an shiga manoma ta tsayar ta koma farko, ko zai yarda. Daga nan na bi masu gyaran waya suna buɗe shago, na tsuguna a gaban kwalayen matattun wayoyinsu ina gwada batir da ɗan kwalin nan. Duk wanda ya yi kusa da girman na sa a aljihu, mai rai ne ko matacce ban sani ba. Na sha mai a bakin tasha, na kama hanyar Magama.